Kiranyen da Ban Yi Maka Ba

Zuwa ga maigidana Sahabi, a ƙasar Ingila.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, ya aiki, ya sanyin ƙasar mutane. Mu nan Tabotaki lafiya lau, sai godiyar Allah. Baba, mahaifina, yana gaishe ka. Bai ce in gaishe ka ba, ni ce dai na ga bai kamata takarda ta tashi daga gidansa babu gaisuwar babba a ciki ba.

Na san idonka ya tsaya a layin farko. I, sunanka na kama, kuma da hannuna na rubuta shi. Kada ka ce na yi rashin kunya, don kai ka aike ni inda na koyo hakan. Na sa takardar nan inda kowa zai karanta ne saboda ka daina ɗaukar wayata. Tunda kuma an riga an kai maganata kasuwar Babankatami an baje, ban ga abin da ya rage in rufe ba.

Ka tuna ranar da ka kira ni kana murna ka samu takardun zama? Ka ce yanzu saura ni da yara, amma ba za a ba ni biza ba sai na ci wata jarrabawa da za ta nuna ina jin Ingilishi ina kuma mayarwa. Dariya na yi. Ina da Hausa, ina da Fillancin gidanmu, ina da Faransancin da na tsinta a lakwal, makarantarmu ta boko, ina da ɗan Buzancin da nake sayen cuku da shi ba a cuce ni ba. Ashe duk wannan a wurin mutanenka daidai yake da bebanci.

Ban yi maka gardama ba. Ka haɗa ni da Mushe Illa, kamar yadda muke kiran malamin boko a nan, mai koyar da Ingilishi a kwalejin Buza, na riƙa hawa kabu-kabu ina bin hanyar duwatsun nan da ka sani, goyo a bayana, in je in dawo ƙuguna kamar an daka. Ina surfe ina maimaita darasi, ina ɗiban ruwa ina maimaitawa. Ƙannenka mata suka mai da ni abin nishaɗi, in na wuce su ce ga matar nasara. Ban kula su ba, don na san inda na nufa.

Da lokaci ya yi, wana, Yaya Alhasan, ya bar lodin albasarsa a Madawa ya raka ni, muka bi ta Ƙwanni da Sakkwato har Abuja. Aka shigar da ni wani ɗaki mai sanyi, ga wani mutum mai tabarau, ga na'urar ɗaukar magana a kan tebur. Da farko komai ya tafi daidai. Ya tambayi sunana na faɗa, ya tambayi garinmu na faɗa, ya tambayi abin da nake dafawa, har na ba shi labarin tuwon hatsi ya yi murmushi. Sai ya ce mene ne sunan mijina.

Kai ka fi kowa sani, tun da aka kai ni gidanku ban taɓa kama sunanka ba. Ko yaron maƙwabta mai irin sunanka, mai sunan maigida nake ce masa. Haka na ga uwata ta yi, haka na ga uwarka tana yi, kuma a da wannan na cikin abin da kake yabona da shi. Na ji tambayar sarai, na san amsarta, amma bakina ya ƙi. Na ce da shi baban yara. Ya sake tambaya a hankali, yana zaton ban gane ba. Na sunkuyar da kai ina murza bakin mayafi. Da ya ga haka sai ya sauya, wai don ya sauƙaƙa mini, ya ce to in ba shi labarin ɗiyata ta fari, sunanta da abin da nake so game da ita. Ɗiyar fari! Wadda ko a gaban kajin gidanmu ban taɓa yabonta ba. Daga nan ban ƙara samun kaina ba har aka ce lokaci ya cika.

Sakamako ya fito na faɗi. Mushe Illa ya ce a wurinsu shiru rashin sani ne, ba su da wani gurbi da suke rubuta alkunya.

Kai kuwa me ka ce? Ban manta ba, kuma saƙon muryar yana nan a wayata. Ka ce: "Ƙauyanci shi za shi kashe ki. Nan ba a san kunya ba. Ki riƙa kama sunana kullum, ki yi ta hwaɗi har bakinki shi saba." Na ji zafin kalmar ƙauyanci, na haɗiye. Mushe ma ya goyi bayanka, ya ce ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ya ƙara da cewa in samu madubi in riƙa kallon idona ina magana, don in saba da kallon idon mai tambaya.

To a ina zan yi? A ɗakina, inda yara ke shiga da fita, kuma tari ma in na yi ana ji a ɗakin Inna, mahaifiyarka? Sai na riƙa zagayawa bayan rumbu idan an yi azahar kowa ya kishingiɗa, in tsuguna da ɗan madubina. Ranar farko gumi kawai na yi na tashi. A hankali sunan ya fara fita, da raɗa, sannan da murya. In ce da Ingilishi sunan mijina wane, yana zaune a ƙasa kaza, ina so in je wurinsa. In sake, in sake.

A haka Inna ta same ni. Zabuwarta ta zo nema, mai zuwa yin ƙwai a ɓoye. Ta tarar da matar ɗanta tsugune a bayan rumbu da tsakar rana, riƙe da madubi, tana kiran sunan ɗanta, tana haɗawa da wani yare da ba ta taɓa ji ba. Ta yi salati ta tara gida. Abin da ta faɗa har yau yana kunnena: "Ku taho ku gani, kiranye taka yi ma ɗana. So take shi baro abincinai shi komo gida da rigar wuyanai."

Bari in gaya maka gaskiya, ban riƙe Inna da yawa ba. Da ni na tarar da wata a haka, abin da zan zata ke nan. Duk mun tashi muna jin labarin wanda aka yi wa kiranye yana can ƙasar nesa, ya bar shagonsa a buɗe ya kama hanya, bai san inda kansa yake ba sai da ya gan shi a ƙofar gida ƙafa duk faso. Kwanon da ke kan ɗakin Inna kai ka sa, hatsin da ake ci idan rumbu ya yi ƙasa kai kake aikowa a saya. Tsoro ta ji, kuma tsoho in ya tsorata ba ya tsayawa tambaya.

Ni a lokacin ko gezau ban yi ba, har dariya ta so ƙwace mini. Na ce a kira ka. Na ce ga mai abin can, shi ya sa ni, a tambaye shi. Ƙanenka ya kira ka a wayarsa ya buɗe muryar kowa na ji, mata sun cika tsakar gida, maƙwabta na leƙe ta kan darni. Inna ta zayyana maka abin da ta gani. Na tsaya ina jira ka fashe da dariya ka ce haba Inna.

Ba ka yi dariya ba. Sai ka ce: "Shi ya sa. Kwanakin ga ba ni iya kwana, zuciyata sai gida, ko abinci ba shi shiga."

Sahabi, ko da wuƙa ka zo ba za ka yi mini abin da ka yi da wannan maganar ba. Ba ka ce ni ce na yi ba, ai wayo gare ka. Ka dai ajiye musu itace, suka hura wutarsu. Ban sani ba ko tsoron Inna ne ya kama ka, ko kuwa da gaske ka manta da umarnin da ka ba ni da bakinka. Ko wanne ne, ban ga namiji a wayar nan ba ranar.

Kafin la'asar an ce in tafi gida in huta har ƙura ta lafa. Na ɗauki ƙaramin na fito. Babbar aka ce ta zauna wurin kakarta. Na so in kunna musu saƙonka su ji da kunnensu, Baba ya hana. Ya ce matar da ta tona mijinta a gaban uwarsa ta ci shari'a ta rasa gida, in bari kai ka faɗa da kanka. Na bi maganarsa, ina jira har yau.

Jarrabawa ta biyu an riga an sa mini rana, na ce ko don in huce sai na je. Yaya Alhasan ya sake raka ni. Wannan karon mace na samu. Da ta zo kan iyali ban jira ta ƙarasa ba. Na kalli tsakiyar idonta na faɗi sunanka da ƙarfin da sai da ta ɗan matsar da na'urarta. Fushi ya yi mini abin da madubi ya kasa. Da ta tambayi ɗiyata kuwa, na ce sunanta Ramatu, ta iya kitso tun ba ta kai ko'ina ba, tana dariya irin ta ubanta, kuma na daɗe ban gan ta ba. Karo na farko ke nan da na yabi ɗiyata da bakina, a gaban baƙuwa, cikin yaren da yarinyar ba ta ji. Matar ta miƙo mini abin share hawaye muka ci gaba.

Na ci. Na aika maka sakamakon, na ga alamar ka buɗe, ba ka ce ko sannu ba.

Ka fi ni sanin takardar jarrabawar nan ba ta dawwama, shekara biyu take yi ta mutu. Damina ɗaya ta wuce tana cikin akwatina, ga ta biyu ta kawo kai. Kai ne za ka shigar da neman bizar daga can, ba ni ba. Kana jira ta mutu ne ka ce ba laifinka ba, dokar nasara ce? In haka ne ka yi wa kanka dabara, amma ka sani ba zan zauna a karo na uku ba. Na ba da abin da nake da shi. Na fasa kunyar da aka raine ni da ita saboda kai, kuma ba a sayar da irinta a kasuwa balle in sayo wata.

Abin da ya sa na ɗauki waya yau na rubuta, labari ne ya iso ni ta bakin matar ƙanenka. Wai an aika maka da takardun rubutu ta hannun wani matafiyi, ka wanke ka sha don a karya abin da ke janka gida. Wai kuma kai ka nema.

Na zauna na yi ta juya wannan magana, fushina ya rasa inda zai tsaya. Na tuna ranar da za ka tafi, a tashar Madawa. Mutane sun yi yawa, ban iya yi maka sallama ba, sai na tura ƙullin cuku da ƙuli-ƙuli cikin jakarka na juya baya kamar ina gyara goyo. Da mota ta tashi ka leƙo ta taga, ba ka kira ni ba kai ma, ka dai ɗaga wa Yaya Alhasan hannu idonka yana kaina. Mun fahimci juna a ranar ba tare da kowa ya buɗe baki ba.

Abin nan da ya hana ka barci, ya hana ka cin abinci, ba asiri ba ne, maigida. Kewa ce. Kana ƙasar da babu wanda ya san uwarka, ka dawo daga aiki ka buɗe ɗaki babu mai ce maka sannu da zuwa, dole zuciya ta ja ka gida. Ni ma ina da irinta tun ranar tashar Madawa, ban je wurin malami ba, ban tuhumi kowa ba. Kai ka ji kana son matarka, sai ka nemi magani.

Ga abin da nake nema, kuma ba biza ba ce. Ka kira wayar ƙanenka da rana, lokacin da tsakar gida ke cike, a buɗe muryar kamar wancan karon, ka ce ni na sa ta. Ramatu tana zuwa lakwal yara suna ce mata ɗiyar mai kiranye, kuma kai kaɗai ne za ka iya cire mata wannan suna. In ka yi haka, maganar tafiya mu zauna mu yi ta, ko in zo ko kada in zo. In kuwa bakinka ya yi nauyi, to ni na san yadda nauyin baki yake, na kuma san ana iya sauke shi in ana son mutum. Sai ka aiko mini da takardar sakina, ka sa a kawo mini ɗiyata.

Allah ya tsare ka a ƙasar mutane, ya ba ka lafiya, ya sa albarka a neman da kake yi. Allah ya ja kwanan Inna, ya sanyaya mata zuciya. Rubutun nan da ka sha kuwa, ina roƙon Allah kada ya kama ka. Allah ya bar maka kewarka yadda take, ya ƙara maka a kai, ya hana ka sakat har sai ka faɗi gaskiya. Amin.

Ni ce matarka har zuwa yau,
Zali, daga gidan Baba a Tabotaki.