Makirfon da Ke Wuyan Mai Ɗinki

Zuwa ga Yayata,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kina lafiya, ke da maigidan da yara. Ya ƙafar Mama?

Mun iso gidan addu'ar da muke ɗaukar fim a kansa. Tsohon sito ne aka baje tabarmi a ciki, robobin ruwa jere a gindin bango. Mai Addu'a mutum ne mai fara'a, marasa lafiya suna ƙaunarsa. Darakta ya zaɓi wata mai ɗinki da ke fama da ciwon suga, ya ce a kanta za a gina fim ɗin. Tunda ni ce mai ɗaukar sauti, ni nake maƙala mata makirfo a wuyan riga, tana tsokanata wai telana ya cuce ni. Jiya ta zubar da allurorinta na maganin suga a kwandon shara, wai addu'a ta ishe ta, jama'a na yi mata tafi. Haske bai yi ba, sai Darakta ya sa ta kwaso su ta sake zubarwa.

Ki gaida kowa.
Taki, Auta.

Yaya,

Ina gaisuwa, da fatan kun tashi lafiya. Ni dai hankalina ba a kwance yake ba.

Ƙafar mai ɗinki ta kumbura, yatsa ya yi baƙi. Da muka tashi aiki ta manta makirfon yana jikinta, sai na ji tana roƙon mijinta ya kai ta asibiti. Ya ce ta daure masu fim su tafi, kada duniya ta ga sun karaya. Ashe mu ake jira, Yaya.

Na gaya wa Darakta. Ya ce aikinmu kallo ne kawai, sannan ya tambaya ko na naɗi maganar. Na naɗa. Na tari mijin da kaina, ya kira ni maƙetaciya mai laɓe, aka hana ni shiga ɗakin mata.

Ki sa mu a addu'a.
Auta.

Yayata,

Ina fata kuna lafiya. Mai ɗinki ta rasu. Sai da ta daina gane mutane aka nemo mota, ba ta kai asibitin ba. Mai Addu'a ya yi kuka sosai. Darakta yana son maganar nan da na naɗa ta rufe fim ɗin, na hana shi, mun rabu baram-baram.

Ɗazu ina haɗa kayana mijin ya zo, duk ya zabge. Ya roƙi in jiyar da shi muryarta. Na kunna masa inda take dariya, ya ce ba wannan ba, waccan yake so. Na sa masa abin sauraro a kunne. Ya ji ta, ya ji amsar da ya ba ta, ya ce in mayar baya. Har yanzu yana zaune a bakin ƙofa da shi a kunnensa, na kasa karɓa.

Gobe ina hanya, in Allah ya yarda.
Ƙanwarki, Auta.