Bikin haɗuwar wata biyu

Laraba da dare, Ƙofar Taramniya

Sun ƙone littafin. Shekara uku ina gina duniyar nan a cikinsa, mai wata biyu, fari da ja, shekararta wata goma sha huɗu, kowane da bikinsa. Yau ta zama toka a murhun Inna.

Laifina ne da na rubuta da ajami don kada ƙannena su karanta. Inna tana shara ta buɗe, ta ga jadawalin watannin gida-gida, ta ɗauka hatimin tsibbu ne. Hankali tashe ta kai wa Baffa Malam.

Na ce masa, "Baffa, labari ne kawai." Ya ce, "Ɗiyata, wata sha biyu Allah yay yi. Wa yab ba ki biyun ƙari?" Bai ko ɗaga murya ba, da ma faɗa ya yi.

Ban iya gaya masa ba cewa a wata na sha huɗu ne fari da ja suke haɗuwa, a shimfiɗa tabarma a ƙofar gida, matattu su dawo su sha fura da danginsu. Don Baba na ƙirƙiro shi, makon da aka binne shi. Na gwada sake lissafin ɗazu, ranar haɗuwarsu ta ƙi fitowa.

Shafin farko kaɗai Baffa ya yage ya miƙo mini, saboda akwai bisimilla a kai. Ƙasanta babu komai.