Bakina da Kwantiragin Yaya Fumika

Lahadi, 6 ga Oktoba

Yau ma a benci ta ƙare. Wasa na biyar ke nan a jere. Minti casa'in Yaya Fumika na zaune da bargo a kan gwiwa, ni ina tsaye cikin magoya baya ina cizon yatsa. An ci kulob ɗinmu Isonami biyu da nema, kuma duka biyun ta tsakiya suka bi, daidai inda ita take tsayawa. Makaho ma zai gani. Koci Hirasaka bai gani ba.

Shekara goma sha ɗaya tana buga tsakiya. Huɗu a babban kulob a birni, sai gwiwa ta tsinke, sai rukuni na biyu, sai nan gida. Yanzu koci ya ajiye ta saboda 'yar shekara sha tara mai gudu kamar an koro ta, wadda ba ta san ina za ta ba.

A watan Nuwamba ake faɗa wa kowa ko za a sabunta masa kwantiragi.

Talata, 8 ga Oktoba

A masana'antar kifi layinta na fuskantar nawa. Bakwai na safe zuwa biyu tana jera kifi a kwali, uku kuma tana filin atisaye. Wai ƙwararriyar 'yar wasa. Mai masana'antar, Shugaba Okudaira, shi ke ɗaukar nauyin kulob, sunansa ne a ƙirjin rigarsu.

Lokacin cin abinci na buɗe mata littafin dabarun wasa da na aro a laburare, na nuna mata zanen. Ta ce, "Genta, kai da ka gudu daga makaranta, yanzu kai ne farfesa?" Na ce ko ba komai ni na karanta, kocinku fa? Ta ɗauke min soyayyen ƙwai daga kwano ta cinye.

Lahadi, 20 ga Oktoba

Na yi abin. Ban yi nadama ba.

An sake cin mu. Bayan an tashi 'yan wasa suka zo suka jeru gabanmu kamar kullum, koci a ƙarshen layi, suka rusuna. Lokacin nan kowa shiru yake yi, ganga ma ana ajiye ta. To cikin shirun nan bakina ya buɗe. Na ce, "Hirasaka! Rusunawa kawai ka iya? Je ka sayar da takalma, tsohon banza, ka bar masu ido su zaɓi 'yan wasa!"

Filin duka ya ji. Kawunansu na ƙasa, ba wadda ta ɗago. Na ga kunnen Yaya ya yi ja. Dattijo Minegishi mai buga mana ganga ya riƙe min hannu ya ce, "Yaro, da rigar masana'anta a jikinka?" Sai lokacin na duba. Ita ce a jikina.

Gaskiya dai na faɗa.

Litinin, 21 ga Oktoba

Ba wanda ya yi min magana a wurin aiki. Ko zagi babu. Da an zage ni da na san abin da zan ce.

Laraba, 23 ga Oktoba

Na dawo na tarar da kwalaye uku na alewar wake a bakin ƙofa, an naɗe su da takarda mai kyau, irin ta shagon gaban tasha. Yaya ta sa baƙaƙen kayan da ta sa ranar jana'izar Baba. Na ce ina zuwa? Ta ce ban haƙuri. Ɗaya na koci, ɗaya na Shugaba, ɗaya na Dattijo Minegishi a madadin magoya baya.

Na ce, "Ke kika yi ihun?"

"Sunan gidanmu ɗaya."

"To ni ba zan je ba."

"Wa ya gayyace ka? Matsa, kana tsaye a kan takalmina."

Inna na kicin tana ta wanke tukunyar da ta riga ta wanke. Na bi Yaya har bakin hanya ina faɗa mata cewa wannan al'adar bauta ce, a ci mutuncinka ka kai alewa. Har da abin da na karanta a littafin tarihi na kawo mata. Ta hau keke ta bar ni da tarihina.

Asabar, 26 ga Oktoba

Wata abokiyar wasanta ta ce min a ofishin Shugaba sai da Yaya ta durƙusa, goshi a ƙasa. Da wannan gwiwar.

Na kasa cin abinci. Na kasa karatu ma, shafi ɗaya sau huɗu.

Talata, 5 ga Nuwamba

Sun kira ta ofis. Minti goma. Ba za su sabunta kwantiragin ba.

Ta shigo gida ta cire takalmi ta jera su, ta ce, "Inna, akwai miya?" A haka muka ji labarin, tsakanin loma da loma. Na miƙe na ce zan je in fasa wa koci gilashin mota. Ta ce, "Zauna, Genta. Alewar ta ƙare a shagon."

Inna ta yi dariya, sannan ta fita waje ta daɗe.

Ni ne? Na tambaye ta sau uku. Ta ce shekara ashirin da tara ce da gwiwa. Ban yarda ba. Za ta faɗi haka ko da ni ne.

Alhamis, 7 ga Nuwamba

Ba abin da zan iya. Na duba ko'ina. Ba inda ake kai ƙara, ba wanda ake rubuta wa takarda. Akwai gwajin da ake yi wa waɗanda aka sallama a watan Disamba, wakilan kulob-kulob su zauna su kalla, rana ɗaya tak. Ta ce za ta je.

Lahadi, 17 ga Nuwamba

Wasan ƙarshe na kakar wasa. Koci ya sa ta minti bakwai. Ta taɓa ƙwallo sau shida, ba ta ɓatar da ko ɗaya ba. Daga bayan shingen waya na kalla, wajen wurin ajiye kekuna, don ban shiga ba. Ba wanda ya hana ni.

Talata, 3 ga Disamba

Na je wurin Hirasaka. Ba don ban haƙuri ba, don in ji gaskiya. Kwalin alewar da na riƙe, hanya ce ta bi da ni ta gaban shagon.

Na same shi yana tattara ragar gola shi kaɗai. Na miƙa masa, na ɗan sunkuyar da kai. Kaɗan. Ya ce, "A'a, mai ba ni shawarar sayar da takalma. Ka san ubana sana'arsa ke nan?" Ban sani ba.

Na tambaye shi kai tsaye ko ihuna ne ya jawo. Ya ce tun watan Agusta aka yanke, likita ya ga hoton gwiwar, kuma a ranar aka faɗa mata. Ita ta roƙa a bari sai Nuwamba, lokacin da ake faɗa wa kowa, kafin gida su ji.

Na ce to me ya kai ta durƙusa wa mutane, tunda ta san an gama?

Ya kalle ni kamar wanda ya tambayi inda teku take. Ya ce, "Shugaba ya riga ya sa a rubuta takardar korarka ranar Litinin ɗin. Ka ga an kore ka?"

Ya ce in kama masa ɗaya gefen ragar, na kama. Da muka gama na ce ko zai buga wa wani waya kafin gwajin. Ya ce ya buga wa uku. "Ba alkawari. Gwiwa gwiwa ce."

Alhamis, 5 ga Disamba

Ban faɗa mata na sani ba. Da asuba na bi ta filin makarantar firamare ina jefa mata ƙwallo kafin aiki. Ta ce jifana kamar na mai ciwon kafaɗa. Na ce to.

Ta tsaya da ƙwallo a ƙafa. "To? Shi ke nan? Ba ka da lafiya ne?"

Lahadi, 15 ga Disamba

Gwajin jiya ne. Awa biyar a jirgin ƙasa, ni na riƙe jakar. 'Yan wasa kusan sittin, kowacce da lamba a baya, ba suna. Ita ce talatin da takwas. An ba ta rabin awa.

Na zauna a can sama da littafin nan ina ƙirga. Ta ba da ƙwallo sau ashirin da huɗu, ashirin da biyu sun isa. A ɗaya daga cikin biyun da suka ɓace, wani mai jar hula da takarda a hannu, kujera biyu daga ni, ya ce wa na kusa da shi, "Talatin da takwas ta tsufa, ba ta juyawa." Ina da amsarsa, har guda uku, duka masu kyau. Na duba rigarsa na ga tambarin wani kulob. Sai na ce masa, "Ranka ya daɗe, a ɗan kalle ta idan ƙwallo ba ta wurinta." Da ladabi na faɗa, har muryar ban gane tawa ce ba. Ya ɗan kalla. Ya rubuta wani abu, ban ga ko mene ne ba.

Sun ce cikin mako guda duk wadda ake so za a kira ta. Wayarta na kan teburin cin abinci. Ita tana can tana wanke takalman wasa, ni ke zaune kusa da wayar. Ba gadi nake ba, nan ne ya fi haske don karatu.