Na Gode Da Kika Ƙi Jin Maganata

Ya Rosalba, furen lemun kwarinmu, ruwan sanyin da nake kwankwaɗa a kan rufin mutane da tsakar rana, uwar Itzel, sarauniyar wannan jakin da ya tsere daga makaranta a aji takwas! Ki yafe mini rubutun. Hannun guduma ne, alƙalami ma tsoronsa yake ji.

Kin tuna ranar arba'in ɗinki? Ni kam ba zan manta ba, don ranar aka naɗa ni sarkin wawayen garin Fresno. Tun cikin yana wata shida dariyarki ta ɗauke. Mamata ta ce firgita kika yi. Goggo Chela ta shafe ki da ƙwai daga kai har ƙafa, ta fasa a kofi, ta ce ta fitar da abin. Da kika haihu aka ɗaure miki ciki, aka toshe miki kunnuwa, aka hana ki ruwan sanyi, aka yi ta ɗura miki romo har kaji suka fara canza hanya in sun hango ni. Mama ta ce, "Ɗana, bari arba'in ta cika, matarka za ta dawo." Na kuwa yarda! Kullum ina soke rana a kalandar shagon gurasar tortiya kamar ɗan fursuna. Da ta cika na hura gawayin gashin nama, na tara dangi, na kawo makaɗan mariyachi har shida.

Ke kuwa, hasken idona, kina zaune a bakin bahon wanka, ana busa ƙaho a tsakar gida, kika ce, "Nicanor, in na ɗauki yarinyar nan ba na jin komai. Kamar buhun masara nake riƙe da shi."

Wace hikima ce ta fito daga bakin mijinki? "Kada ki gaya wa nas! Ki ci gaba da rubuta musu lafiya lau a takardarsu, kada su ƙwace mana 'ya." Wayyo ni! Shekara goma sha biyar ina toshe yoyon gidajen wasu, nawa na zuba a kan matata, na ce ta yi shiru.

Washegari kika ɗauki makullin mota, kika je asibiti kika faɗa musu komai. Ba wanda ya taɓa Itzel. Suka ce ciwon damuwa ne da ke kama masu ciki da masu jego, ba laifinki ba ne, ba kuma rashin addu'a ba. Suka ba ki magani, suka haɗa ki da mata masu irin ciwon da ke zama ran Alhamis. Wace kurciya ce ke tashi da karyayyen fiffike, mijinta na riƙe da ɗayan, in ba ke ba? Na gode, Rosalba. Na gode da kika ƙi jin maganata!

Yanzu ga roƙona. Na ji kina gaya wa ƙanwarki za ki daina zuwa zaman Alhamis, wai Mama na gunagunin ana kai sirrin gida waje. Don Allah kada ki daina. Na riga na je na samu Mama. Ta ce, "Au, kai ma ka zama likita?" Ta wurgo mini silifas, ta kuskure ni, tsufa ya zo. Alhamis tawa ce da Itzel. Na iya saka nafkin yanzu, sau biyu kacal na saka a baibai.

Jiya da safe na yi wani barkwancina mara gishiri, kika ce, "Kai dai jaki ne, Nica," kika yi dariya, Itzel na kafaɗarki, kina shinshinar kanta ba ki ma sani ba. Na shiga mota na yi kuka har wurin aiki. Na ce wa abokai barkono ne.

Na san akwai ranakun da hazon damuwar zai dawo. Ya dawo ɗin, zai same ni a bakin ƙofa. Kalandar nan na cire ta daga bango, masoyiyata. Na daina ƙirga miki kwanaki.

Naki, ran dariya da ran shiru, har gudumar ta faɗi daga hannuna,
Jakinki, Nicanor