Karen Baba ya ƙi cin abinci

Anti mai ba da shawara, don Allah ki taimake ni, hankalina a tashe yake. Ni tela ce, daga ni sai mahaifina a gida. Baba tsohon mai gadi ne, da ya ajiye aiki ya dawo da karensa, Dogo. Ni kare bai dame ni ba, ko shafa shi ban taɓa yi ba, amma tun da ƙafar Baba ta shanye Dogo ne abokin zamansa.

Shekaranjiya likitan dabbobi ya cire wa Dogo ƙari a ciki, ya ɗinke, ya ɗaura masa roba a wuya mai kama da mazurari don kada ya lashi wurin. Tun ranar sai ya tsaya ƙiƙam a tsakar gida, jiki na rawa. In ya motsa ya bugi ƙofa, ya firgita. Kwanonsa na nan a lungun bayan tankin ruwa inda ya saba ci, ina cika shi, sai ya nufi wurin ya juyo. Baba ma ya ture nasa abincin. Jiya ina shago Baba ya kwance robar don tausayi, na dawo na tarar ɗinkin ya buɗe, ga jini. Ni da nake rayuwa da allura na kasa kallo. Na ɗaga wa Baba murya, abin da ban taɓa yi ba. Tsoro nake ji karen nan ya mutu, Baba ya bi shi.

Mai ɗinki cikin fargaba

'Yar'uwa, kwantar da hankalinki. Yau ɗin nan ki mayar da Dogo wurin likita ya duba ɗinkin, ki gaya masa bai ci ba. Wannan ba ya jiran gobe.

Ina zargin lungun nan. Kare mai roba a wuya ba ya shiga matsatsi. Yana so ya ci, hanya ce babu. Ki fito da abincin fili, a ƙaramin kwano da robar za ta rufe, ki ɗora kan bulo. Ruwa ma haka. Ki kawar da bokitai da kujeru daga hanyarsa, ki tabbata yatsu biyu na shiga tsakanin robar da wuyansa. Yawancin karnuka cikin 'yan kwanaki suke sabawa.

Kina da gaskiya, robar ba ta fita sai likita ya ce. Amma Baba ma ba ɓarna ya yi niyya ba, ya ga abokinsa a wahala ne, shi kuma ba ya iya tashi. Ki durƙusa ki ba shi haƙuri, sannan ki ba shi aiki: shi zai riƙa ciyar da Dogo da hannunsa, yana shafa shi, yana yi masa magana. Tsohon mai gadi ba ya wasa da abin da aka damƙa masa. Ki ajiye wa Baba nasa kwanon a gefe, kada ki ce ya ci; in ya ga Dogo na ci, shi ma zai ci.

Allah ya ba su lafiya su biyun, ke kuma ya saka miki da alheri.