Rigar da Ba a Wanke Ba

Nima, 4 ga Maris, 1982

Zuwa ga ƙanena Mashud,

Gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da sanyin Landan. Mu nan lafiya lau, sai dai hankalina ba a kwance yake ba.

Akwatin da ka bari a ɗakina ne ya hana ni sakat. Na san shekara goma sha ɗaya ka yi a gidan talabijin ɗin nan, daga jan wayar kyamara har aka ba ka wasanka na farko ka shirya da kanka. Na ji daɗi da ka zo ka ɗauki rabinsa a unguwarmu. Amma Mashud, kayan soja shida da bindigogin katako ka bar min! Ka ce kada a wanke, kada a goge, musamman rigar hafsan mai jinin ƙarya, don in ka dawo ƙarasa ɗauka dole tabon ya zauna inda yake, in ba haka ba masu kallo za su gane. To yanzu sojoji na bin gida-gida suna neman makamai. Shekaranjiya sun shiga Maamobi, unguwar da ke maƙwabtaka da mu. Wa zai tsaya in yi masa bayanin wasa?

Ka ba ni izini in ƙone su. Mijina Braimah yana gaishe ka.

Yayarka,
Hamsatu

Nima, 27 ga Maris, 1982

Ƙanena Mashud,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarka, shiru ban ji daga gare ka ba, don haka ban jira ba. Bindigogin sun zama itacen wuta a ƙarƙashin tukunyar waken da nake sayarwa. Ƙamshin fenti ya cika tsakar gida, na ce da maƙwabta tsohuwar kujera ce. Kayan kuma na yayyanka su na tura wuta.

Braimah bai yi min magana ba kwana biyu. Ka san shi ya ɗinka su da hannunsa, kuma tun da ka ce sunansa zai fito a ƙarshen wasan, babu wanda bai gaya wa ba daga nan har unguwar Kanda. Ya ce amana aka ba mu. Na ƙirga riguna biyar kawai na ƙone. Na tambaye shi ta shidan, ya kau da kai. Ko ƙarar mota na ji a bakin titi, sai in tashi in leƙa waje.

Ka yafe min.

Yayarka,
Hamsatu

Nima, 9 ga Afrilu, 1982

Mashud,

Ina fatan kana lafiya. Mu ba lafiya ba.

Ranar Talata da hantsi sojoji suka shiga shagon Braimah. A ƙasan tarin yadi suka sami rigar hafsan, a naɗe cikin takarda kamar kayan sallah. Sun ce ya faɗi sojan da aka kashe a cikinta. Na yi ta rantsuwa cewa zuma ce da jan launi, har na nuna musu kiyashin da ke binta. Ba wanda ya kalle ni. Suka tafi da shi.

Don girman Allah ka aiko da takarda daga gidan talabijin mai hatimi, da hoton ɗan wasan sanye da rigar, kyamara a gabansa. Kada ka sa a gidan waya, ka ba wanda zai hau jirgi. An ce mako mai zuwa za a kai waɗanda aka kama wani wuri, ba wanda ya san ina. Tsoro nake ji, Mashud, ban taɓa jin irinsa ba.

Jiya aka bar ni na gan shi, minti biyu. Fuskarsa a kumbure. Na zaci zai tambayi yara. Saƙo ɗaya ya ba ni, kuma naka ne: wai in gaya maka ka kwantar da hankalinka, rigar ba a wanke ta ba.

Ka yi sauri.

Yayarka mai jiran amsa,
Hamsatu