Ranar da Ishaya ya kashe injin niƙan Iliya

Zuwa ga matata, Maman Dauda,

Gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangiji. Na san kina hutawa, amma labarin nan ba zai zauna a cikina ni kaɗai ba.

Jikanki Ishaya ya dawo gida. Kin tafi da baƙin cikin ƙauracewarsa, kuma kin san wanda ya kore shi: ƙanenki Iliya mai injin niƙa. Kin tuna Kirsimetin da ya tsare yaron gaban baƙi? Wai ya ƙura ido a talabijin bai taɓa ganin ko kunnensa ba, wai aikinsa a Jos riƙe wa 'yan fim jaka. Aka yi dariya. Tun ranar yaron bai sake taka Lokuwa ba.

Ke kuwa cewa kike yi, a bar shi, tun yana ƙarami shi ke raba wa yara wurin tsayawa in za a yi wasan coci.

To, watan jiya ya shigo da mota biyu cike da mutane. Shi ya nemo izinin ɗaukar fim a kasuwar shanu, shi ya shirya masu keke, shi ya san wanda bai ci abinci ba. Wata 'yar wasa da Iliya ke wangale baki a kanta, sai da Ishaya ya ce ta zauna kafin ta zauna.

A layinmu suka yi wani ɗauka, ƙarar injin ta hana su. Ishaya ya je ya durƙusa ya roƙi kakansa Iliya. Daga nan, in Ishaya ya ɗaga hannu inji ya mutu, in ya sauke inji ya tashi. Mutumin da ba ya kashe injin nan ko ana addu'ar gawa!

Iliya bai tsaya nan ba. Washegari ya fito da babbar riga yana ƙamshi, yana laɓe-laɓe bayan masu wasa don a ɗauke shi. Jiya Ishaya ya nuna mana abin da suka haɗa. Gwiwar hannun Iliya ce kawai ta fito, ita ma a gefe.

Da fim ɗin ya ƙare Iliya ya kaɗe riga ya fice, kamar yadda irinsu ke yi. Bai taɓa sanin ana rubuta sunaye a ƙarshe ba. Ni na zauna. Ajin yamman nan da kike tura ni da furfurata, jiya ya yi rana. Na sa aka tsayar, na bi da yatsa: Mai shiryawa, Ishaya Dauda. A ƙasa kuma: Don tunawa da kakata Saratu.

Saratu, ban iya karanta sauran ba.

A ɗakinki yake kwana, ya ce zai kai Kirsimeti. Ubangiji ya ƙara miki hutu, ya tsare mana shi, ya haɗa mu a gabansa.

Naki har kullum,
Baban Dauda